Dawakin 1896 Suna Ta Sauri, Wayata Ce Ta Lalace?

Tambaya: Malam, barka da aiki. Na ci karo da wani tsohon fim a YouTube na tseren dawakin Derby na 1896 a Ingila. Babu sauti ko kaɗan, mutane kuma suna tafiya kamar ana korarsu. Laifin wayata ne? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Kwantar da hankalinka ɗan'uwa, wayarka lafiyarta ƙalau. Fim ɗin da ka gani wani Baturen Ingila mai harkar fim, Robert Paul, ne ya ɗauka a filin Epsom, ranar da Persimmon, dokin Yariman Wales, ya zo na ɗaya. Washegari aka haska shi a gidan wasa na Alhambra a Landan. Bai kai minti ɗaya ba, ƙarshen tseren ne kawai, sai jama'a da suka kwararo cikin fili. Sauti kuwa, kyamarar lokacin ba ta ɗaukarsa, sai wajen 1927 fim mai magana ya kankama.

Batun saurin shi ne abin dubawa. Da hannu ake juya kyamarar zamanin, yawanci tana ɗaukar hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa ɗaya, wani lokaci ma gwargwadon ƙarfin hannun mai juyawa. Da sauti ya zo, aka tsayar da hoto 24. To in aka kunna fim mai hoto 16 a kan 24, saurinsa ya ƙaru da rabi kenan. Doki dama gudu yake, ba ka cika lura ba. 'Yan kallo ne ke tona asirin. Ka shiga saitin bidiyon ka rage saurin zuwa 0.75. In ka sauke shi, manhajar kunna bidiyo ta VLC za ta ba ka damar kai shi wajen 0.67, wanda ya fi dacewa da hoto 16.

Tambaya: Na ga irinsu masu launi, har da ƙarar kofato. Na asali ne?

Amsa: A'a. Manhaja ce ta ƙirƙiro hotuna ta cusa tsakanin na asali don su kai 60 a daƙiƙa, launin kintace ne, ƙarar kuma daga baya aka ɗora. Suna da daɗin kallo, ban musa ba, amma ni na fi son mai dishi-dishin. Ka lura da ƙafafun dokin a mai launin, za ka ga suna narkewa cikin juna duk sanda manhajar ta rasa inda za ta sa su.