Ku Tambaya Mu Amsa: Sana'ar Mai Tsaron Raga a Ƙungiya da Tawagar Ƙasa

Wasiƙun wannan watan sun karkata ne kan masu tsaron raga. Ga biyar da muka zaɓa, tare da amsoshin masu horar da gololi da ke taya mu wannan fili.

Tambaya: Shekarata 19, ni ne gola na uku a wata babbar ƙungiya. Wata ƙungiya a rukuni na ƙasa tana so na a matsayin aro, kuma ta ce ni zan riƙa kama mata. In tafi ko in zauna?

Amsa: Ɗan'uwa, ka tafi, amma da sharuɗɗa. Ƙwai a baka ya fi kaza a akurki. Ɗan wasan gaba da ke benci yana iya samun minti 15 a ƙarshen wasa ya nuna kansa. Gola ba shi da wannan gatan, domin wuri ɗaya ne, kuma da wuya koci ya canza mai tsaron raga a tsakiyar wasa sai da rauni ko jan kati. Gola na uku kan shafe kaka guda bai taɓa ƙwallo a gasa ba.

Abin da atisaye ba zai koya maka ba shi ne yanke shawara. A atisaye ka san daga ina ƙwallo za ta zo. A wasa kuwa za ka yi minti 20 a tsaye ba ka taɓa komai ba, kwatsam a kwaso ƙwallo daga gefe, mutum shida suna turereniya a gabanka, kuma dole ka zaɓa nan take: ka fita ka cafke, ka naushe ta, ko ka tsaya a layi. Wannan sai da yawan wasanni ake ƙwarewa a kai.

Dubi Emiliano Martinez. Ya je Arsenal a 2010, aka yi ta tura shi aro har ƙungiyoyi shida. Sai a Yunin 2020, da Bernd Leno ya ji rauni, ya samu ragar, ya ci Kofin FA, ya koma Aston Villa. Wasansa na farko a tawagar Ajantina ya zo a 2021 yana da shekara 28, a 2022 kuma ya ɗauki Kofin Duniya. Da bai yi waɗancan wasannin aro ba, da ranar da dama ta zo ba ta same shi a shirye ba.

Kafin ka sa hannu, ka tabbatar da abu uku. Shin ƙungiyar tana da kocin gololi na musamman? Idan babu, kurakuranka za su zama ɗabi'a ba mai gyara maka. Wane ne ya yi maka alkawarin kamawa, koci ne ko wani jami'i? Idan aka kori kocin, alkawarinsa ya bi shi, don haka ka nemi a rubuta cewa ƙungiyarka ta asali za ta iya dawo da kai a tsakiyar kaka idan ba ka buga wasa. Na uku, a fayyace a takarda wanda zai biya albashi da kuɗin magani idan ka ji rauni.

Tambaya: Ɗana shekararsa 14, yana da zafin nama a raga amma ba shi da tsayi. Ko akwai makoma?

Amsa: Malam, ba za mu ɓoye maka ba, tsayi yana da tasiri. Faɗin raga mita 7.32 ne, tsayinta 2.44, kuma manyan ƙungiyoyin Turai sun fi neman gola mai kusan mita 1.90. Amma a shekara 14 yaro bai gama girma ba, kuma Jorge Campos na Meziko, wanda gajere ne ƙwarai a cikin gololi, ya kama wa ƙasarsa a Kofin Duniya na 1994 da 1998.

Masu farautar 'yan wasa ba sa ruɗuwa da tsalle-tsalle. Yawanci golan da ke yawan shawagi a iska, tsayuwarsa ce ba daidai ba tun farko. Ƙa'idar ita ce ya ƙiyasta layi daga ƙwallo zuwa tsakiyar raga ya tsaya a kansa, yana matsawa da gajerun taku duk inda ƙwallon ta koma. Lokacin da mai bugu ya ɗaga ƙafa, dole gola ya riga ya tsaya cak: ƙafafu a buɗe daidai faɗin kafaɗa, gwiwa a ɗan lanƙwashe, nauyi a kan yatsun ƙafa, hannaye a gaba. Wanda aka buga wa ƙwallo yana cikin tafiya ba zai iya juyawa ba, shi ya sa ake cin sa da ƙwallon da ba ta da ƙarfi.

Wajen kama ƙwallon sama, manyan yatsu biyu su kusa haɗuwa a bayan ƙwallon. Idan suka yi nisa da juna, ta tsakani za ta sulale. Wadda ta fi ƙarfin kamawa a ture ta gefe, can wajen turke, kada a yi amanta a tsakiya inda ɗan wasan gaba ke jira. A kuma sa shi ya riƙa buga wasa a tsakiyar fili lokaci-lokaci don ƙafafunsa biyu su saba da ƙwallo. Safar hannu kuwa a jiƙa tafinta da ruwa kaɗan kafin wasa, a wanke bayan wasa, a shanya a inuwa. Rana tana busar da robar ta tsattsage.

Tambaya: Me ya sa gololi ke daɗewa har su haura shekara 40?

Amsa: Domin aikinsu bai dogara da gudu ba, karanta wasa kuma ƙaruwa yake da shekaru. Dino Zoff ya ɗauki Kofin Duniya da Italiya a 1982 yana da shekara 40. Essam El-Hadary na Masar ya tare fenareti a wasansu da Saudiyya a 2018 yana da 45, shekarun da Gianluigi Buffon ya yi ritaya a kansu a 2023. Abin da ke cin su a ƙarshe shi ne kafaɗa, ƙugu da yatsu, saboda faɗuwa ƙasa kullum a atisaye.

Tambaya: Na ga alƙalin wasa ya ba da bugun kusurwa don kawai gola ya riƙe ƙwallo. Sabuwar doka ce?

Amsa: Sabuwa ce, ta fara aiki a 2025. A da daƙiƙa shida aka yarda gola ya riƙe ƙwallo, hukuncin kuma bugun tazara ne a cikin yadi na 18, wanda alƙalai ke jin nauyin bayarwa, sai dokar ta zama ta takarda kawai. Yanzu daƙiƙa takwas ne, alƙali zai ɗaga hannu ya ƙirga biyar na ƙarshe da yatsu, idan gola ya wuce sai a ba abokan hamayya bugun kusurwa.

Dokar da ta fi sauya wannan sana'a ita ce ta 1992, wadda ta hana gola ɗaukar ƙwallon da abokin wasansa ya mayar masa da ƙafa da gangan. Daga nan golan da bai iya ƙafa ba ya zama kaya. A 2019 aka ƙara da cewa bugun gola ba sai ya fita daga yadi na 18 ba, shi ya sa yanzu ake fara tsara wasa daga bakin raga. A fenareti kuma, dole aƙalla wani ɓangare na ƙafa ɗaya ya kasance a kan layi, ko saitinsa, ko bayansa lokacin da aka buga. Idan gola ya riga ya fito kuma ya tare, za a sake bugawa.

Tambaya: Yaya gola zai yi fice a ƙungiyarsa amma ya riƙa kwafsawa a tawagar ƙasa?

Amsa: Hajiya, rabin aikin gola yana hannun masu tsaron bayansa. A ƙungiya kullum tare suke atisaye, ya san wanda ke sa kai da wanda ke kauce wa ƙwallo, su ma sun san muryarsa idan ya yi ihu a bar masa. A tawagar ƙasa kuwa kwana biyu ko uku ake haɗuwa a fita wasa. Wani mai tsaron bayan ya saba a tsare mutum-da-mutum a bugun kusurwa, wani ya saba a tsare yanki. Katanga ma sai an sake shiryawa: wa zai tsaya saitin turke, mutum nawa za a jera, za su yi tsalle ko a'a. Yawancin ƙwallayen da ake ɗora wa gola laifinsu daga irin wannan rashin fahimtar suke fitowa.

Ga kuma matsalar lokaci. Idan aka buga Kofin Afirka a tsakiyar kakar Turai, gola kan bar ƙungiyarsa wata guda, wanda ya maye gurbinsa kuma idan ya kama da kyau, dawowa raga sai an yi da gaske. Misali, a Janairun 2024 Andre Onana ya tsaya ya buga wa Manchester United wasa da Tottenham, washegari kuma bai samu kama wa Kamaru wasanta na farko da Gini ba.

Wani lokaci akasin haka ake gani. A lokacin Stanley Nwabali yana Chippa United ta Afirka ta Kudu, ba kowa ya san shi ba, amma a waccan gasar ya tare fenareti biyu a wasan kusa da na ƙarshe ya kai Najeriya wasan ƙarshe. Koci ya ɗauke shi ne saboda yana kamawa duk mako a ƙungiyarsa.