Amsa ga Alhaji kan takardar kuɗin kan sarki

Assalamu alaikum jama'a. Alhaji, na saurari muryarka. Ka ce hukumar haraji ta aiko wa kamfaninka takarda tana bin ka kuɗin kan sarki, wato harajin da ake biya kan takardun yarjejeniya, na kwangilolin shekarun baya, har da barazanar rubuta wa banki a riƙe asusu, kana tambaya ko akwai bakin magana. Akwai. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke masa hukunci, kuma haraji bai fita daga ciki ba. Sai dai haƙƙin nan da agogo yake tafiya.

Kwana 30 gare ka daga ranar da takardar ta shigo hannunku, ba ranar da aka buga a samanta ba. Don haka a nemo ambulan ɗin, ko littafin da maigadi ya sa hannu, a ajiye. Cikin kwanakin nan za ka rubuta takardar ƙin amincewa. A rubuce fa, Alhaji. Zuwa ofis a sha shayi da jami'i ya ce "kar ka damu, za mu duba" ba ya tsayar da lissafin kwanaki. Nan mutane suka fi faɗawa rami: wa'adi ya wuce, kuɗin ya tabbata a kansu, sai maganar biya.

A takardar kar ka tsaya kan "ban yarda ba". Ka bi kwangilolin ɗaya bayan ɗaya, ka faɗi abin da ka yarda da shi da abin da kake ja. Ka nemi su nuna maka lissafinsu, wace takarda, wace shekara, wane kaso suka ɗora. Wasu takardun kuɗinsu ƙayyadajje ne, wasu kuma gwargwadon darajar abin da ke ciki ake cajinsu, kuma ana yawan cakuɗa biyun. In aikin gwamnati ka yi, duba takardar biyanka da kyau, don a shekarun baya ma'aikatu sun kasance suna cire kashi 1 cikin ɗari tun kafin kuɗi ya iso ka. In an cire, karɓo shaida daga ofishin akanta ka liƙa, kar ka biya sau biyu. Sannan a duba wa ke da hurumi: in da kamfani a yarjejeniyar, ta tarayya ce, wato NRS, hukumar tara haraji ta ƙasa da ta gaji tsohuwar hukumar FIRS a Janairun 2026, in tsakanin mutum da mutum ne, ta jiha ce.

Ka kai kwafi biyu, su buga hatimin karɓa da kwanan wata a naka.

In sun amsa cewa ba za su sauya ba, kana da wasu kwana 30 ka kai ƙara kotun sauraron ƙorafin haraji. Ta arewa maso yamma tana Kaduna, ta arewa maso gabas tana Bauchi. Daga nan sai Babbar Kotun Tarayya, kan abin da ya shafi fassarar doka. A 2023 wannan kotun, a Abuja, ta soke ƙa'idar da ta ce sai mutum ya ajiye rabin kuɗin kafin a saurare shi, saboda ta toshe ƙofar shari'a. An yi sabbin dokoki a 2025, don haka in an taso da batun ajiya, lauyanka ya karanta sashen da idonsa.

Batun banki kuwa, ikon sa banki ya cire kuɗi yana nan, amma na bashin da ya tabbata ne. Muddin ƙorafinka ya shiga kan lokaci, aika wa manajan reshenku kwafin mai hatimi gobe da safe. Abin da ka san da gaske ana bin ka kuma ka biya shi yanzu, tara da ruwa ba sa jira.