Harbin kaza da tsuntsu a cikin gem: shin la'anar hadisi ta hau kanmu?

TAMBAYA

Assalamu alaikum Malam, Allah shi ƙara lafiya da nisan kwana. Ni ɗalibi ne a nan Damagaram, unguwar Garin Malam nike zaune. Muna da fada ni da abokaina, bayan isha'i mukan aza shayi mu buga gem na harbe-harbe, galibi Free Fire da PUBG a portabul, wani lokaci kuma mu tafi wajen wani mai kwamfuta mu yi Counter-Strike ko Fortnite. To Malam a wasu daga cikinsu kana tsakiyar faɗa sai kawai ka ga kaza ta gitta gabanka, ko hankaka ko kyarkeci ko aladen daji, ba ka san daga ina suka fito ba, kuma yara na harbinsu, wani don firgita wani don dariya. Shi ne wani abokinmu mai zuwa karatu ya ce duk wanda ya yi haka la'anar Annabi (SAW) ta hau kanshi don akwai hadisi. Wani kuma ya ce shi in hankaka ya fito mishi ya san ranar ba zai ci ba, har fita yake daga wasan. Wallahi abin ya tsaya mini a rai don ni ma na sha harbin kazar. Mene ne hukuncinmu?

AMSA

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana Allah shi yi maka albarka, na ji daɗin wannan tambaya ƙwarai, saurayin da kalmar la'ana ta hana shi sukuni zuciyarshi na da rai, ka riƙe wannan tsoron kar ka bari abokai su kashe maka shi da dariya.

Hadisin da abokinka ya faɗa gaskiya ne, yana cikin Bukhari da Muslim. Abdullahi ɗan Umar (RA) ya wuce wasu samari sun ɗaure tsuntsu suna gwada harbi a kanshi, da suka hango shi sai suka watse, ya tambaya wa ya yi wannan, sannan ya gaya musu Manzon Allah (SAW) ya la'anci wanda ya mai da abu mai rai abin gwajin harbi. A wata ruwayar ma kaza ce aka ambata. Anas ɗan Malik (RA) shi ma ya tarar da yara sun kafa kaza suna harbi, ya ce Annabi (SAW) ya hana a tsare dabba a yi ta harbinta har ta mutu. Don haka abokinka bai ƙirƙiro komai ba, inda ya kuskure shi ne wurin da ya aza hadisin.

Ka duba lafazin da kyau, abu MAI RAI aka ce. A ruwayar Ibn Abbas da ke cikin Muslim an fito da shi ƙarara, kar ku riƙi wani abu da ke da rai a cikinshi ya zama abin harbi. Dalilin hanin shi ne azabar da halittar Allah take sha, tana jin zafi tana jin tsoro an ɗaure ta ba ta da hanyar gudu, ga ɓarnar dukiya, don abin da ya mutu ta haka mushe ne ba a ci. Kuma ƙa'ida ce sananniya wajen malaman usul cewa hukunci yana tafiya da dalilinshi, in dalilin na nan hukuncin na nan, in babu babu. To kazar Counter-Strike ina ranta? zane ne da lissafin kwamfuta, ka harbe ta yanzu, a sake zagaye ka tarar da ita tana tsattsagar ƙasa a lungun da take ɗazu. Ba ta ji zafi ba, ba mai ita da ya yi asara, ba jinin da ya zuba. La'ana kuwa ba ƙaramar magana ba ce, ma'anarta nisantarwa daga rahamar Allah, ba ya halatta mu ɗauke ta daga inda shari'a ta ajiye ta mu aza wa musulmi bisa kamanni kawai. Saboda haka la'anar ba ta hau kanka ba, babu kaffara a kanka, babu wata sadaka ta dole.

Haka maganar aladen daji. A Fortnite, a shekarar 2021 sun zuba namun daji a wasan, kaji da kyarketai da aladen daji da kwaɗi, in ka kashe wasu sukan bar nama ɗan wasa ya ɗauka ya ƙara ƙarfi. Wanda ya yi haka bai ci alade ba, ba abin da ya shiga cikinshi, alwallarshi ma na nan. In ranshi ya ƙyamaci abin ya bari ya kyauta, ni ma hakan na fi so, amma ba za mu ce ya ci haram ba.

Maganar hoto ma kar ta rikita ka. A mazhabarmu ta Malikiyya wanda aka haramta kai tsaye shi ne mutum-mutumi na abu mai rai, mai jiki mai inuwa cikakken gaɓoɓi, abin da ba shi da inuwa hukuncinshi bai kai nan ba, balle haske a kan gilashi da in batir ya ƙare ya ɓace. Nana A'isha (RA) ma tana da dokin wasa mai fukafukai cikin kayan wasanta, Annabi (SAW) ya gani ya yi dariya, Abu Dawud ya ruwaito.

Yanzu mai hankaka. Wallahi maganarshi ta fi tayar mini da hankali a kan ta farko, don ita ta taɓa aƙida. Wannan shi ne camfi, kuma Annabi (SAW) ya kore shi a hadisin Bukhari da Muslim, har ya ambaci tsuntsun dare da Larabawa ke tsoro, wanda aka ruwaito Imamu Malik ya fassara da cewa in ya sauka kan gidan mutum sai su ce mutuwa ta zo. Daidai abin da mutanenmu ke faɗa game da mujiya da baƙar kyanwa. A hadisin Ibn Mas'ud da Abu Dawud da Tirmizi suka kawo an kira camfi shirka. To in tsuntsun gaske da Allah ya halitta bai san gaibu ba ina ga wanda ma'aikatan kamfani suka zana? Fitowarsu ba zato ba wani sirri a ciki, masu gem ne suka sa wurare a taswira inda dabba za ta iya ɓullowa, na'urar da ke haɗa ku ita ke zaɓen wuri da lokaci kamar ƙuri'a don kar wasan ya zama iri ɗaya kullum. Wani lokaci ma dabbar tana nan tun ɗazu, rezo ne ya yi nauyi hoton ya makara, da ya dawo sai ka gan ta tsulum a gabanka. Ku gaya mishi cikin lalama ya tuba daga wannan tunani, fita daga wasa don hankaka shi ne ainihin aiki da camfi, kuma wanda ya saba da shi a gem gobe zai fasa tafiya kasuwar Dole don ya gamu da wani abu a ƙofar gida.

Sai dai ɗana ba zan sallame ka a nan ba. Na ce babu la'ana, ban ce komai daidai ne ba. Wanda ya harbi kazar don ta firgita shi, ko don wasan na bukatar haka, ba komai. Amma wanda ke bin ta lungu-lungu yana jin daɗin ganin ta tarwatse yana ƙyalƙyala dariya, wannan ina ƙyamar hakan gare shi, ba don kazar ba, don zuciyarshi, musamman in ƙanana na tsaye a bayanku suna leƙe. Yaro ba ya raba na gilashi da na gaske yadda kai kake rabawa. Kuma kazar da hadisin ke magana a kanta tana nan cikin unguwanninmu. Ka fita da hantsi ka ga yara da danƙo suna bin ƙadangare a jikin katanga, su karya mishi baya su bar shi yana jan ciki cikin rana, ba ci za su yi ba. Ka ga an ɗaura wa ɗan tsuntsu zare a ƙafa ana sakinshi ana fizgowa har ƙafar ta gutsure. Ka dubi jakunan da ke jan amalanken ruwa lokacin zafi da famfo ke ɗaukewa a garin nan, an loda jarkoki fiye da ƙima, bayan jakin ya sule ƙuda na bi, yaro na zabga mishi sanda a kan gyambon. Nan ne tsoron ya kamata ya kama mu. An sa mace wuta saboda kyanwar da ta kulle ba ta ba ta abinci ba ba ta sake ta ba, an gafarta wa mutum saboda ya shayar da kare, duk a Bukhari da Muslim, kuma Allah ya gaya mana a Suratul An'am aya ta 38 cewa dabbobi da tsuntsaye al'ummomi ne irinmu. In fadarku ta tsaya ta hana wannan a layinku kun yi aiki da hadisin Ibn Umar yadda shi kanshi ya yi aiki da shi.

Shi gem ɗin kanshi malamai sun saɓa. Majalisar malaman Aceh ta ƙasar Indonesiya ta haramta PUBG a 2019, wasu kuma sun tsaya kan asalin halacci da sharuɗɗa, kuma ni nan na karkata. Ka san malamanmu ba su sassauta wa wasan da ke cinye lokaci ba, Ibn Abi Zaid a cikin Risala cewa ya yi ba ya halatta a yi wasan nardu ko shaɗaranji, wasanni ne masu kama da dara. To ka auna kanka. Kun ce bayan isha'i kuke farawa, ƙarfe nawa kuke tashi? In dare na rabawa kuna kai har asuba ta kuɓuce, ya haramta a kanku ko da babu kaza ko ɗaya a ciki. In kowa na aza dala ashirin ko jaka wanda ya ci ya kwashe, caca ce, ayar Ma'ida ta 90 ta gama magana, kuma sayen akwatin sa'a da diyaman, wato kuɗin cikin gem, wanda ba ka san me zai fito ba shi ma ɗan gidansu ne. Zagin iyaye a makirfo haram ne. Duk inda aka ce ɗan wasanka ya rusuna wa gunki ka bar wurin, an taɓa sa irin haka a PUBG Mobile a 2020, musulmi suka yi ca har kamfanin ya cire ya ba da haƙuri. Kuɗin forfe kuma kar ya fito daga kuɗin cefane ko na lakol.

Abokinka mai hadisi kar ku yi mishi dariya a fada, kishin addini ne ya sa shi magana. Ka kai mishi wannan amsa ku biyu kawai ku karanta tare, in yana da sauran shubuha ya rubuto ko ya tambayi malaminshi, sai dai ya janye maganar la'anar a gaban waɗanda ya faɗa wa, don akwai yiwuwar wani cikinsu har yanzu yana ɗauke da ita a rai. Wallahu a'alam.