An guntule wa birin haƙora, har yanzu zai iya cutar da ɗana?

Tambaya: Likita, ina karatu a Yogyakarta da ke ƙasar Indonesiya, matata 'yar Jawa ce. Ɗanmu mai shekara shida yana hutu wurin kakarsa a wani ƙauye na Gunungkidul, cikin lardin Yogyakarta, ya shaƙu da ɗan birin maƙwabta, har ayaba ɗaya suke gutsura. Jiya birin ya yakushe shi a wuya. Mai birin ya ce kada mu damu, an guntule masa haƙora. Hankalina ya ƙi kwanciya.

Amsa: Malam, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudu na minti 15, a kai yaron puskesmas, wato ƙaramin asibitin gunduma, yau ɗin nan. A faɗa musu biri ne. Tun 1997 aka ayyana Yogyakarta ba ta da cutar haukan kare, amma birin kasuwa wa ya san daga ina aka kamo shi?

Maganar haƙora kuwa, wallahi na gaji da jin ta. Masu wasan biri a titi, da ake kira topeng monyet, da dillalan kasuwar tsuntsaye ne suka yaɗa ta. Filaya suke sawa su karya fiƙoƙin, ba allurar kashe zafi, sai a bar dasashi yana ruɓewa. Bakin da ke zubar da mugunya ne ake ce maka ya zama lafiya? Cutar ba a haƙori take ba, a yawu take. Jinsin biri mai dogon wutsiya da ake ajiyewa a can yana iya ɗauke da ƙwayar Herpes B alhali yana tsalle-tsallensa garau. Biri yana lasar farcensa, ya yi yakushi, ko yawun ya fantsama a ido, shi ke nan. Kamuwa ba ta da yawa, gaskiya, amma in ta kai ƙwaƙwalwa ba a yi magani ba, yawanci sai gawa. Ga tarin fuka, wanda suke ɗauka daga mutane su mayar. Ayabar nan da suke gutsura tare ta fi yakushin tayar mini da hankali. Jakarta ta hana wasan birin tun 2013, amma ƙaryar ta ƙi mutuwa.

Ƙuraje masu ruwa a wurin, ko zazzaɓi, ko wurin ya mace, ku koma asibiti da gudu.

Yaron zai yi kuka, a lallashe shi, amma a raba su. Namijin biri in ya kai shekara huɗu zuwa biyar sai ya fara gwada ƙwanji, kuma ƙaramin yaron gida yake fara turmushewa. Surukarka ta roƙi maƙwabcin ya miƙa shi ga BKSDA, hukumar kula da namun daji.