Tifar da Aka Kama da Yashin Kogi: Abin da Mai Mota Ya Kamata Ya Sani

Alhaji, na karanta bayaninka cewa jami'an Sibil Difens sun tare tifarka da lodin yashi a bakin Kogin Kaduna, kuma kana ganin dole su sake ta tunda ba ka wurin, ga kuma rasit ɗin ƙungiyar masu tifa da na mai filin da aka ɗebo yashin a hannunka. Abin da zan faɗa ya dogara ne ga bayaninka kaɗai, domin ban ga takardar kamun ba.

Akwai gyara a fahimtarka. Yashi a idon doka yana cikin ma'adinai, kuma sashe na 44(3) na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya damƙa mallakar ma'adinai ga Gwamnatin Tarayya, yayin da Dokar Ma'adinai da Haƙar Ma'adinai ta 2007 ta tanadi cewa sai da lasisi ake haƙa. Saboda haka rasit ɗin ƙungiya, ko na ƙaramar hukuma, ko yardar mai unguwa, babu wanda ke maye gurbin lasisin da ofishin rajistar ma'adinai na tarayya ke bayarwa, duk da cewa na san mutane da yawa sun shekara suna aiki da waɗannan takardun ba tare da an taɓa tare su ba. Abin tambaya a nan shi ne ko wanda ya sayar wa direbanka yashin yana da lasisi a kan wannan wurin. Idan yana da shi, kwafinsa ya fi duk rasit ɗin da ka tara amfani. Idan kuwa ya fara ɓoye maka fuska da ka nema, to ka riga ka sami amsa.

Haka nan, rashin kasancewarka a wurin bai hana a riƙe motar ba. Sashe na 44(2)(k) na Kundin Tsarin Mulki ya yarda a riƙe dukiya na wucin gadi domin bincike, kuma mai yiwuwa su ce tifar shaida ce. Sai dai "wucin gadi" ba ya nufin a bar mota wata da watanni a harabar ofis, tayoyi sun sace, batir ya mutu, ba a kai kowa kotu ba. Ƙwace mota ɗungurum, a fahimtata, sai da umarnin kotu, kuma shari'ar ma'adinai hurumin Babbar Kotun Tarayya ce bisa sashe na 251 na Kundin Tsarin Mulki.

Shawarata ita ce lauyanka ya rubuta wa kwamandan rundunar na jiha takardar neman a saki motar bisa sharaɗin za ka kawo ta duk lokacin da aka buƙata, a haɗa da takardun mota da yarjejeniyarka da direba, in akwai. Sau da yawa a nan maganar ke ƙarewa, musamman idan shugabannin ƙungiyarku suka shiga tsakani. Idan an ce akwai tara, ka nemi a rubuta maka dokar da ta tanade ta, ka biya a asusun gwamnati, ka karɓi rasit. Kuɗin da aka miƙa a bayan ofis ba ya rufe fayil, kuma yana iya jawo maka wata tuhumar.

Kotu tana nan idan sun ƙi amsawa, ko dai ta hanyar roƙo a gaban alƙalin da ke sauraron ƙarar idan an riga an gurfanar da direban, ko ta ƙarar kare haƙƙin ɗan Adam. Amma ka sani hakan na iya tunzura su su gaggauta shigar da tuhuma, wataƙila har da sunanka idan direban ya ce kai ka aike shi can. Don haka kafin ka sa hannu a kan kowane bayani, lauyanka ya fara ganin abin da direban ya rubuta ranar da aka kama shi.