Tambaya da Amsa: Littafin Hausa zai iya cin kyautar Hugo?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Anti, barka da ƙoƙari. Ni ɗaliba ce, ina ɗan taɓa rubutu a Wattpad da guruf ɗin WhatsApp, amma ni ba soyayya nake rubutawa ba, labaran kumbo da mutum-mutumi da yadda Kaduna za ta koma nan da shekara ɗari su ne nawa, har ƙawayena na cewa aljanu ne suka shafe ni. Na ji ana maganar wani taro wai Worldcon da kyautar Hugo, don Allah mene ne su, kuma mai rubutu da Hausa yana da rabo a ciki? Daga ƙanwarki, Unguwar Sanusi.

AMSA: Wa alaikumus salam ƙanwata. Da farko dai ki faɗa wa ƙawayen naki ba ke kika fara ba, tun 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya inda aka ɗauki yaro aka yi sararin samaniya da shi, da Hausa tsantsa, nan Zariya kusa da mu aka buga shi.

Worldcon taro ne na masoya ƙagaggun labaran kimiyya da na almara, an fara shi a Niyok ta Amurka a 1939, kuma duk shekara gari daban ne ke karɓar baƙunci, mambobi ne ke zaɓen garin da ƙuri'a shekara biyu kafin lokaci. A 2023 an yi a Chengdu ta ƙasar Sin, 2024 a Glasgow, 2025 a Seattle, amma har yau bai taɓa sauka a Afirka ba, abin da ke ci min rai kenan gaskiya. Ita kuma Hugo a wurin taron ake bayar da ita, an fara a 1953, sunan Hugo Gernsback aka sa mata, mutumin da ya kafa mujallar Amazing Stories a 1926.

To ga inda nake so ki buɗe kunne. Ita wannan kyautar ba wasu farfesoshi ne ke zama a ɗaki su yanke hukunci ba, masu karatu ne da kansu, duk wanda ya biya kuɗin mamba, wajen dala 50 a 'yan shekarun nan, ko bai taka ƙafarsa wurin taron ba yana da damar ya kawo sunan abin da ya karanta ya burge shi, a tace a fitar da shida a kowane rukuni, sannan a sake jefa ƙuri'a kowa ya jera su daga na ɗaya zuwa na ƙarshe. Kuma dokarsu ba ta ce dole sai da Turanci ba, kowane harshe ya halatta. Kin ga kenan a takarda ba abin da ya hana labarinki shiga. Matsalar ita ce su waye masu ƙuri'ar, mutum nawa ne a cikinsu ke jin Hausa? Shekarar da aka yi a Chengdu 'yan Sin sun yi rajista da yawa, sai ga labarin Hai Ya da aka rubuta da Sinanci ya ci a rukunin matsakaicin labari, duk da dai taron ya bar baya da ƙura saboda an cire wasu marubuta daga takara ba tare da gamsasshen bayani ba.

Hanya ta biyu fassara ce. Littafin Liu Cixin, marubucin ƙasar Sin, da Ken Liu ya mayar Turanci ya ci a 2015, shi ne fassararren littafi na farko da ya ɗauki babbar kyautar, kuma doka ta yarda aiki ya sake shiga takara a shekarar da fassararsa ta Turanci ta fito. 'Yan asalin Najeriya ma sun leƙa, Nnedi Okorafor ta ci da Binti a 2016, Oghenechovwe Donald Ekpeki da Wole Talabi sun kai zagayen ƙarshe.

Ni shawarata ki fara da gajeren labari, ƙasa da kalma 7,500 shi ne ma'auninsu, ki goge shi da Hausa har sai ya zauna, sannan ki nemi wanda ya iya harsunan biyu ku zauna kan fassara. Ki kuma sa ido kan kyautar Nommo ta marubutan Afirka da aka fara a 2017, ita ta fi kusa da hannu. Kuma don Allah kar ki daina sakin na Hausar a guruf, waɗannan masu tsokanar taki su ne masu karatunki na farko.

TAMBAYA: Hajiya nawa ake ba wanda ya ci Hugo? Daga wani mai shagon littattafai, Kasuwar Barci.

AMSA: Ko sisi Alhaji. Kofi ne kawai mai siffar roka, kowace shekara masu masaukin baƙi su ƙera masa gindi irin nasu. Ribar tana zuwa ne daga baya, in aka buga sunan kyautar a bangon littafi ciniki ya kan tashi, masu fassara kuma su fara sallama.