Yaron da ba ya bambance ja da kore

Malam, ka rubuto daga Argungu kana tambayar dalilin da ya sa ɗanka yake haɗa ɗanyen tumatir da nunanne idan kuna tsinka a fadama, alhali yana gani garau. Ga alama ba sakaci ba ne, don haka a sassauta masa faɗa.

A bayan ƙwayar ido akwai ƙwayoyin halitta iri uku masu karɓar haske, kowane iri da zangon hasken da ya fi ji, sannan ƙwaƙwalwa ta gwama saƙonninsu ta fitar da launi. Idan irin da ya fi jin ja ko wanda ya fi jin kore ya raunana ko babu shi, ja da kore sukan yi kama da juna. Yawanci gado ne, kuma ya fi yawa ga maza, domin ɗa namiji ta wajen mahaifiyarsa yake samunsa, ko da ita tana ganin launuka daidai.

Ka kai shi asibitin ido a yi masa gwajin Ishihara, wanda wani likitan Japan ya fitar a 1917. Lambobi ne ɓoye cikin ɗige-ɗige masu launi. Na gado ba ya warkewa, amma ba ya ƙaruwa. A sanar da malamansa, musamman saboda darasin taswira.